Indararon Soron Inna

Litinin, 12 ga Mayu, 2025

Na iso Jibiya da azahar, jikina duk ya mutu. Shingayen hanya daga Katsina zuwa nan sun fi ƙarfin ƙirga, kowanne a sauke jaka a buɗe. Wani mai kaki ya ɗaga na'urar ɗaukar sauti yana jujjuyawa, wai mene ne wannan mai gashi kamar ɓera. Na ce kunne ne. Bai yi dariya ba.

Baba ya rame. Na san ya rame, ko a waya ana jin rama a muryar mutum, amma gani daban ne. Yana nan a ɗakin da Hajiya Luba ta ba shi a gidanta tun da 'yan bindiga suka tashi ƙauyenmu, Gidan Kanya. Ƙafar da ya karye a gudun nan ta ɗore a karkace, ba ya motsi sai da sanda. Baba Elkana magini, wanda rabin sorayen garin Gangara aikin hannunsa ne, yau shi ne a ɗakin kwano na aro. Ya ce wannan ba ɗaki ba ne, tanda ce, amma kada in gaya wa Hajiya.

Na faɗa masa abin da ya kawo ni. Fim zan yi a kan gidajen da aka gudu aka bari. Ba mutum ko ɗaya a ciki, ba mai bayani, ba mai kuka. Na gaji da finafinan da ake zaunar da uwa a ce ta sake faɗin yadda aka kashe ɗanta, masu kallo su ce wayyo su tashi su tafi cin abinci. Ni tsoro nake so. A bar mutum da ɗaki ba kowa, shiru, har cikinsa ya ɗuri ruwa bai san dalili ba.

"To wa za shi kallon ɗaki ba kowa, ɗiyata?" Na ce amsar wannan na je Jos na koyo. Ya ce da ma ɗinki na koya.

Mudathir, abokin aikina mai riƙe kyamara, bai iso daga Maraɗi ba. 'Yan duwan, wato kwastan ɗin can, sun riƙe masa kaya a boda. Ya ce gobe, in Allah ya yarda da jandarma.

Laraba, 14 ga Mayu

Ɗauka ta farko, wani ƙauye bayan Bugaje. Tun da aka yi sulhun nan da ake ta magana, masu kabu-kabu sun fara yarda su shiga da rana. Abbas, ɗaya daga cikinsu, da wani ƙanensa suka goya mu.

Na shimfiɗa wa Mudathir doka tun a bakin gari: ba a taɓa komai. Ba a gyara tabarma, ba a rufe ƙofa, ba a ɗaga takalmin yaro daga inda ya faɗi. Da ka taɓa, ka zama mai shirya wasa, gidan kuma ya daina faɗin gaskiya. A kafa kyamara, a ja baya, a yi shiru. A wasu gidajen mu bar ƙananan kyamarorin nan masu farkawa da kansu in wani abu ya motsa, mu dawo bayan kwanaki mu ga abin da gida yake yi in ba kowa.

Ya ce, "Dakor, Madam Darakta," wato ya yarda. Sai ga shi ya shiga gida na farko da sallama, da ƙarfi, ya ɓata mini sautin farko. Na ce Mushe (haka ake ce wa malam can wajensu), wa kake wa sallama, ƙadangaru? Ya ce shi dai bakinsa ba ya iya shiga gidan mutane haka nan.

Akwai wani ɗaki da labulensa ke nan a rataye. Iska na tura shi ciki, ta janyo shi waje. Mun bar kyamara a kansa har Abbas ya fara leƙe-leƙen hanya. Ba abin da ya faru a ɗakin nan, amma tsigar jikina ba ta kwanta ba sai da muka hau kwalta. Abin da nake nema ke nan.

Alhamis, 15 ga Mayu

Na kasa cin tuwon Hajiya. Takalmin yaron nan ne.

Asabar, 17 ga Mayu

Baba ya ji muna maganar zuwa Gidan Kanya ranar Talata. Ya aika aka kira ni, ya zaunar da ni kamar zai ba ni wasiyya.

Soron Inna yake nufi. Shi ya gina mata shekarar da aka yi aurensu, ɗakin soro ɗaya tak a ƙauyen bukkoki. Ya ce har matan gari suka yi mata waƙar habaici. Azararsa daga can wajen Zamfara ya sa aka kawo, yaɓensa da makuba. A cikinsa aka haife ni, a cikinsa Inna ta cika, kabarinta na bayansa. An ce masa bukkoki duk sun ƙone ko sun zube, soron ne kaɗai a tsaye.

"In dai wanga soro na tsaye, muna da gida," in ji shi. Da kaka zai koma, ƙafa ta yarda ko ba ta yarda ba. Har ya yi wa mutanenmu da ke warwatse a nan garin alkawari, duk wanda ya fara komawa ya sauka a soron kafin ya yi rufin kansa.

Abu ɗaya ya roƙe ni. Indararo, bututun da ke zubar da ruwan sama daga kan rufi. Damina biyu ba wanda ya hau ya share shi. Ya ce bara Allah ne ya kiyaye, bana kuwa in ya toshe, ruwa zai kwanta a bisa, ya jiƙa ƙasar rufi ta yi nauyi, azara ta gaji. "Aikin ɗan lokaci ne, Jinƙai. Kara ɗaya za ki zura."

Na ce to, Baba. Da zuciya ɗaya na faɗa.

Talata, 20 ga Mayu

Na je gida.

Ban san ta ina zan fara ba. Hanyar rijiya ta ɓace cikin ciyawa. Majami'armu ba rufi, bencinan sun tafi. Gidan su Peace da muka yi wasa tare, da'irar toka ce kawai a ƙasa. Na riƙa tafiya ina kiran sunayen masu gidaje a raina kamar mai kiran suna a aji, ba mai amsawa.

Sai ga soron. A tsaye, ja, ƙofarsa a ɗan buɗe yadda Baba ya bar ta ranar gudu. Mudathir ya yi sallamarsa, yau ban ce masa komai ba.

Ciki da sanyi kamar da. Gadon ƙarfe an ɗauke, amma jeren kwanukan Inna saura uku a gindin bango, ɗaya ya gangaro tsakiyar ɗaki a buɗe. Warin ɗakin bai sake ba, ƙasa da hayaƙi da man kaɗe. Na fita baya na durƙusa a kabarinta. Na yi kuka irin wanda ban yi ba ranar da aka sa ta, don ranar ni ce mai ba baƙi ruwa.

Indararon kuwa ya toshe ƙam. Ganyen kanya, ƙasa, tsohuwar sheƙar tsuntsu, ga busasshiyar ciyawa ta zubo daga bakinsa kamar gemun bunsuru, tana lilo. Na ɗauko kara. Tsakani da Allah na ɗauko. Sai na ga yadda inuwar ciyawar ke kai da kawowa a jikin bango, na ce bari a ɗauka tukuna. Muka ɗauka. Sai na tuna in na share yau, ɗaukar da za mu yi nan gaba ba za ta yi daidai da ta yau ba, kuma ni na kafa dokar kada a taɓa komai. Zan bar takalmin ɗan wasu a inda yake, in zo gidanmu in yi gyara?

Damina ba ta ma fara ba. Na ajiye karan a gindin bango, in mun dawo.

Mun bar ƙaramar kyamara a ciki tana kallon kwanon nan, wata kuma mun ɗaure ta a reshen kanya tana kallon soron daga waje.

Laraba, 21 ga Mayu

Ko ruwa Baba bai bari na sha ba. Yaya soron? Lafiya lau. Ƙofa? Tana nan. Kabarin? Na share shi, na yi addu'a.

"Indararon fa?"

Na ce na share.

Ban shirya faɗin haka ba, bakina ne ya riga ni. Ya ce Ubangiji ya yi mini albarka, ya ce wa Hajiya Luba ashe karatun Jos bai ɓata ta duka ba. Ya ci abinci har ya nemi ƙari.

Ai zan share. Ƙarya ce ta 'yan kwanaki.

Juma'a, 6 ga Yuni

Babbar Salla. Hajiya ta ce gobe rabon Baba hanta ce, tun mijinta na da rai haka suke yi da shi. Da la'asar hadari ya haɗo daga gabas, aka yi ruwa mai kyau, yara suna ihu a lungu. Baba ya sa aka fito masa da kujera bakin ƙofa. Ni kuwa na shiga ɗaki na ce kaina ke ciwo.

Alhamis, 12 ga Yuni

Mun koma. Ƙauyen ya yi kore shar, abin har da ban haushi.

Tun daga ƙofa na ji shi. Ɗis. Shiru mai tsawo. Ɗis. Rufin ya yi wani baƙin tabo a kusurwar gabas, ruwa na bin azara yana tahowa har tsakiya, yana ɗiga daidai cikin kwanon Inna. Ba ni na sa kwanon a wurin ba. Da hannu aka shirya ma ba zai yi daidai haka ba. Na sa abin ji a kunne, sautin ya cika mini kai. Tsakanin ɗigo da ɗigo mutum na jira, ya san yana zuwa, amma in ya zo sai gabansa ya faɗi. Duk gidajen da muka ɗauka ba wanda ya yi magana sai namu.

Mudathir ya fita ya duba sama, ya dawo yana naɗe ƙafar wando. Ya ce, "Madam, ruwa na kwance a bisa. Bari in taka katanga in zura kara, yanzu-yanzu."

Na ce a'a.

Ya tsaya yana kallona. Ya ce ba soron babanki ba ne? Na ce na fi ka sanin na wane ne. Na ce ruwa ɗaya nake so a ƙara, ɗaya tak, in samu ɗigon yana sauri, mako mai zuwa ni da kaina zan hau. Ginin da ya girme ni, mako ɗaya ne zai kayar da shi? Baba bai yi ginin wasa ba.

Ya ce wallahi shi wannan ba fim ba ne a wurinsa. Na ce to ya koma ɗaukar bikin aure a Maraɗi, can ne ake gyara wa amarya ɗankwali kafin a ɗauka. Na faɗa da ƙarfi har Abbas ya leƙo. Ya sauke ƙafar wandonsa, ya sauya batir.

Ina da baki. Inna ta sha faɗa mini.

Asabar, 14 ga Yuni

Na yini ina tace abin da kyamarar ciki ta ɗauko. Ta farka sau da yawa ba tare da an ga abin da ya tashe ta ba. Haske na tafiya a bango, tabon na faɗi a hankali, kwanon na cika. Ban sa kiɗa ba, ban ƙara komai ba.

Hajiya Luba ta shigo da kunu, ta tsaya a bayana. Na sa mata abin ji don in gwada. Ba ta daɗe ba ta fizge shi, ta ce a'uzubillahi, ke Jinƙai wane irin abu ne wannan, ji nake kamar wani na tsaye bayan ƙofar. Ta fita ta manta da tiren.

Na ji daɗi. Bari in rubuta yadda yake: na ji daɗi ƙwarai. Masu bikin finafinai da na aika wa guntu sun amsa, suna so a gama kafin tsakiyar Agusta.

Na rufe kwamfutar da na ji sandar Baba.

Alhamis, 19 ga Yuni

Ba tafiya. An tare mutane a hanyar Gangara, an tafi da wasu. Kowa na cewa ba masu sulhu ba ne, wasu ne daga wani dajin. Abbas ya ce ko nawa za a ba shi ba ya shiga, yana da 'ya'ya.

Lahadi, 29 ga Yuni

Ruwa jiya, ruwa shekaranjiya. Na bi duk masu kabu-kabu na tashar nan, har na Magama. Wani ya ce ko ba 'yan bindiga, rafin da ke kafin ƙauyenmu ya kawo, babur ba ya ƙetarewa. Na ce zan taka da ƙafa. Ya kalle ni ya ce Hajiya, ki je gida.

Baba kuwa murna yake. Bayan mun taso daga sujada ya ƙi a goya shi, ya tako da sandarsa har gida, yana tsayawa yana hutawa. Wai horar da ƙafar yake saboda kaka. Ya tsayar da mutanenmu biyu a hanya yana gaya musu damina ta yi kyau, su shirya, masauki na nan. Ya nuna ni ya ce ɗiyata ta hau da kanta ta share.

Na sunkuyar da kai, suka ɗauka kunya ce.

Talata, 8 ga Yuli

Ruwa kuma. Tun ina yarinya ban taɓa roƙon Allah ya ɗauke ruwa ba sai bana.

Laraba, 16 ga Yuli

Mudathir ya kira daga Maraɗi. Bai yi maganar ranar nan ba. Ya ce da hanya ta buɗe in kira shi, zai taho da igiya da leda babba a rufa a saman. Na ce na gode, Mushe.

Litinin, 21 ga Yuli

Ya faɗi.

Tun daga wajen rijiya na gane, don na hango itacen da ke bayan gidanmu gaba ɗayansa, wanda da soron ke tare rabinsa. Abbas ya kashe babur.

Rufin ya rufta ciki, ya ja bangon gabas ya tafi da shi. Azara sun yi cirko-cirko daga cikin laka. Ƙofar na kwance. Ɓaraguzan bangon baya sun zube kan kabarin Inna, sun rufe wajen kai. Da hannu na riƙa kwashewa, Mudathir da Abbas suka taya ni, muka tone har gicciyen ya fito, ya karye gida biyu. Ledar da Mudathir ya kawo na nan a ɗaure bayan babur, ba wanda ya kwance ta.

Karan da na ajiye yana nan a gindin abin da ya rage na bango. Har ya fara ruɓewa.

Kyamarar ciki na ƙarƙashin ƙasa tare da kwanon. Ta kan kanya tana nan lafiya, da ɗan jan haskenta. Na so in bar ta a wurin ta ruɓe ita ma. Mudathir ne ya hau ya kwanto ta, ya sa a jakata.

Inna, ki yafe mini. Ban ma san da wane baki zan roƙa ba.

Laraba, 23 ga Yuli

Na kalla. Da rana tsaka abin ya faru, ana ruwa kamar da bakin ƙwarya. Soron na tsaye, ruwa na malalowa ta saman bango ta ko'ina, indararon kuwa ko ɗigo, ciyawar bakinsa ta yi kore ta yi tsawo. An daɗe a haka. Ka san zai faɗi, kana roƙo kada ya faɗi. Sai kusurwar gabas ta ɗan sunkuya kamar tsoho zai zauna. Daga nan sai ƙara, sai jan ruwa na gudu a tsakar gida. Ruwan sama bai ko rage ba.

Ban taɓa ɗaukar abin da ya kai wannan ba, kuma ba zan ƙara ba. Na san haka ina cikin kuka, sanin kuma ya fi kukan ciwo. Wace irin ɗiya ce ni?

Baba bai sani ba tukuna. Na ce masa rafi ne ya hana mu ƙarasawa.

Lahadi, 27 ga Yuli

Na gaya masa, don Abbas ya fara ba mutane labari a tasha. Na durƙusa a gabansa na ce Baba, soro ya faɗi.

Bai yi salati ba, bai kira Yesu ba. Ya daɗe yana kallon hannuwansa, ya juya su ciki da baya. Ya tambayi kabarin, na ce mun gyara. Sai ya ce, "Kuma kin share indararon." Ba tambaya ba ce, lissafi yake da kansa.

Na bar ƙaryar a inda take.

"To ashe aikina ne bai yi ba." Ya ce wataƙila azarar tsakiya ce, tun lokacin ya so ya sauya ta ya yi ganganci. Ya ce shekara da shekaru yana cika baki a Gangara, ashe ginin da ya yi wa Inna ma na banza ne. Ya ce in je in gaya wa mutanenmu kada su dogara da shi, ya yaudare su.

Wannan ban hango shi ba. Na shirya ya zage ni, na shirya ya yi kukan gida. Ban shirya ya zauna yana tsine wa hannunsa ba. Bai ci abincin rana ba, sandar ma bai taɓa ta ba.

Litinin, 28 ga Yuli

Hajiya ta ce tun da ta san Elkana ba ta taɓa jin ya ce "ban iya ba" sai yau. Maƙwabci ne ya zo neman shawara a kan katangarsa, Baba ya ce ya nemi magini.

Talata, 29 ga Yuli

Na kai masa kwamfutar da hantsi. Da baki na so in faɗa, na san zai ce ina rufa masa asiri ne don ya ji sanyi. Sai dai ya gani da idonsa. Na ɗora masa a cinya na ce Baba, kyamarata ta ga yadda aka yi.

Ya sa tabarau. Da soron ya fito ya yi wani ɗan sauti a maƙogwaro. Tun ranar gudu bai ƙara ganinsa ba. Ruwa na sauka, yana kallo, ni ina kallon ƙeyarsa.

Bai daɗe ba ya ce, "Tsaya." Na tsayar. Ya matso da fuska, ya ɗora yatsa a kan gilashin, daidai kan ciyawar nan kore. Magini ne, ba sai an yi masa bayani ba.

Na ce ban share ba, Baba. Sau biyu na je ban share ba. Mudathir ya so ya hau na hana shi. Saboda fim.

Bai waiwayo ba. Ya ce, "Dubi ruwan da ke bisansa. Dubi. Tafki guda ya ɗauka a ka, kuma yana tsaye." Sai ya ƙara da cewa, "Ashe ba azarata ba ce."

Na ce ba ita ba ce.

Na kai hannu zan danna ya ci gaba, don a gama a huta. Ya riƙe mini wuyan hannu, da ƙarfin da ban san yana da saura ba. Ya ce, "Bar shi nan."

Na jira ya yi mini faɗa. Har yanzu jira nake. Da na gaji da durƙuso na tashi na fita, bai ce in tsaya ba.

Asabar, 9 ga Agusta

Kwamfutar na ɗakin Baba, a kan akwatinsa, a buɗe, a daidai wurin da ya ce a tsaya. Na gyara ta yadda ba za ta riƙa kashe fuska da kanta ba. In an ɗauke wuta sai in ɗauke ta a buɗe, a kan hannu biyu, in kai shagon caji na bakin titi, in zauna a gefenta kada wani ya taɓa. Masu shagon sun ɗauka taɓin hankali ne ya fara mini.

Na ce zan wanko masa hoton a kati ya rataya. Ya ce a'a, hoto abin da ya wuce ne, wannan kuwa bai faɗi ba tukuna.

Yana gaishe ni da safe, yana cin abin da na dafa. Bai ƙara maganar kaka ba, ni ma ban tayar ba. Ya dai je ya duba katangar maƙwabcin nan.

Masu bikin sun sake rubutowa. Fim ɗin duk yana cikin kwamfutar, kwamfutar kuma ba a rufe abin da ke kanta. Ba wai na fasa ba ne. Ban dai amsa ba. Mudathir ya ce akwai wani soro a wajen ƙauyen Kusa da masu shi ke gudun hijira a Ɗan Isa, rufinsa ya fara lotsawa, ko za mu je. Na ce ya nemo tsani. Bai tambayi kyamara nawa za a ɗauka ba.

Ɗazu na leƙa in kai masa kunu. Na same shi yana goge ƙurar gilashin da bakin rigarsa, a hankali, ya ɗage gwiwar hannu sama don kada ta taɓa maɓallan.